Dabaibayin Eilert

A duk tsibiran da ke kewaye da Vega, can tekun arewa mai sanyi, babu wanda bai san Eilert ɗan Aslaug ba, kuma da wuya ka sami wanda ya taɓa ganinsa a zaune. Ko a coci, kafin fasto ya kai rabin wa'azi za ka ji bencin da yake kai yana rawa. Uwarsa Aslaug takan ce tun yana ciki yake shure-shure, kamar mai neman a buɗe masa ƙofa.

Da a wani wuri aka haife shi, da ba komai. To amma a Kvalholm ya faɗo, ɗan tsibiri ne da ba tudu ba bishiya, gida ɗaya da rumfar jirgin ruwa, sai duwatsu da iska. Da hunturu maza kan tafi kamun kifi. Darajar wurin kuwa agwagin teku ce. Ba na kiwo ba ne, ba mai ba su tsaba, ba mai rufe su. Suna can cikin ruwa abinsu har watan Mayu, sannan matan su hau tudu su yi ƙwai a 'yan ɗakunan da aka gina musu da duwatsu da guntayen katako, aka shimfiɗa musu busasshiyar ciyawar teku. Kowace takan fige lallausan gashin ƙirjinta ta lulluɓe ƙwanta. In ta ƙyanƙyashe ta koma ruwa da 'ya'yanta, sai matar gida ta kwashe gashin, ta tsince shi, a yi bargon nan da ba shi da nauyi sai ɗumi. Haka aka gada: mutum ya kore mata hankaka da karen ruwa, ita kuma ta bar masa gashi.

Sai dai agwagwa tana da sharaɗinta. Kafin ta hau tudu sai ta yi kwanaki a bakin ruwa tana karantar gidan. In ta ji buge-buge, ko ta ga hayaƙi da sassafe, ko wani ya gifta a guje, sai ta nemi wani tsibirin. Inda ta yi ƙwai kuwa, can za ta riƙa komawa har ta mutu, 'ya'yanta mata ma su bi sahu. Wanda ya rasa su shekara ɗaya ya rasa su ke nan.

Saboda haka in lokacin ya zo, Aslaug takan ɗauko igiya ta ɗaure kyanwa a ƙafar tebur. Da Eilert ya fara tafiya, sai igiyar ta zama ta mutum biyu, tsakiyarta a ƙafar tebur, bakin nan a wuyan kyanwa, bakin can a ƙugunsa.

"Inna, sai yaushe?"

"Sai sun zauna."

"To in ba su zauna ba fa?"

"Sai ka tsufa a nan, kai da 'yar'uwarka," in ji ta, tana nuna kyanwar da haɓa.

Da ya tasa, bai ko waiwayi tsibirin ba. Ya bi jirage zuwa Lofoten kamun kifi, daga nan ya shiga manyan jiragen kaya, yau yana wannan gaɓa gobe yana waccan. Ya taɓa aure a Bergen, matar ta haƙura har ta gaji, ta ce ta fi sanin ƙeyarsa a kan fuskarsa. Ya yi aikin kafinta, ya yi dako a tashar jirgi, babu wanda ya kore shi a ko'ina, ƙafa ce kawai in ta fara ƙaiƙayi ba ya iya sosa ta sai da hanya. Kvalholm yakan leƙa ta da kaka, lokacin da ba abin da za a tsorata.

Furfura ta riga ta cinye masa kai sa'ad da saƙo ya iske shi cewa Aslaug ta zame a kan dutse garin ɗibar ciyawar teku, ƙashin ƙugu ya karye. Watan Afrilu ne. Ya tarar da ita a gadon asibiti, ta ƙanƙance, idon ne kawai bai canza ba.

"Zauna," in ji ta.

"Ina jin ki a tsaye, Inna."

"Na sani. Ai na gwada ne kawai." Ta bi shi da ido daga taga zuwa ƙofa. "Ba ƙashin nan ne ya dame ni ba. Agwagin suna hanya, Eilert. Gwaggonka Petrine nata tsibirin ya ishe ta. In suka zo suka tarar da kango, Kvalholm ta tashi daga gida ta koma dutse."

"Zan je."

"Zuwa ai ba ya ba ka wuya. Zaman ne."

Ya isa tsibirin kamar guguwa. Ya dubi ɗakunan agwagin, wannan ya karkace, wancan rufinsa ruɓaɓɓen ƙoƙon jirgi ne, wani kuma tsohon akwatin kifi ne da aka cusa a ƙarƙashin matakalar ƙofar gida. Kunya ta kama shi, wai haka tsohuwarsa take fama shi yana can yana yawo. Ya rushe su duka, ya tara katakon a wurin itacen wuta. Ya sauko da sababbin alluna daga rumfar jirgi, ya yi ta aunawa yana yankawa, ya jera ɗakuna a layi ɗaya kamar haƙoran mataji, ya shafe su da jan fenti. Aikin ya yi kyau, gaskiya. Yana cikin buga ƙusa ta ƙarshe sai ga Gwaggo Petrine, ƙanwar mahaifinsa, ta tuƙo kwalekwalenta daga tsibirin da ke kallon nasu. Ta tsaya ta riƙe ƙugu.

"Sannu da aiki, ɗan nan. Masaukin baƙi ka buɗe? Turawan Ingila ne za su zo?"

"Gwaggo, na da ai duk sun ruɓe."

"Ni ma na ruɓe, ka zo ka yi mini fenti." Ta leƙa ƙarƙashin matakala, ta ɗago a hankali. "Ina ɗakin Matar Fasto?"

Matar Fasto wata tsohuwar agwagwa ce da Aslaug ta raɗa wa suna saboda tafiyar ƙasaita da son wurin zama na gaba. Ita ke fara hawa tudu kowace shekara, sauran su biyo.

"Akwatin nan? Yana cikin itace."

Petrine ta dube shi har ya sunkuyar da kai. "Garin gyaran gira," in ji ta, ba ta ƙarasa ba, ta koma jirginta.

Ba a jima ba agwagin suka iso. Da safe ya ji kukan mazan a bakin ruwa, wannan "a-uu" nasu mai kama da tsofaffin mata sun ji tsegumi. Mazan masu fari da baƙi, matan kuma ruwan ƙasa, sun cika mashigar ruwan. Suka tsaya nan. Eilert ya kashe wuta kamar yadda aka saba, yana shan gahawa mai sanyi ta jiya, yana cin burodi da busasshen kifi a tsaye. Daga wannan taga ya koma waccan. A wannan yanki na arewa rana a lokacin ba ta faɗuwa sosai, barci ma ba ya samun inda zai kama shi. In ya ƙosa sai ya gangara bakin ruwa wai ya duba, su kuma su ja baya gaba ɗaya kamar an janye tabarma.

Petrine ta dawo, wannan karon ta naɗe wa sandunan tuƙinta tsumma don kada su yi ƙara, magana ma da raɗa.

"Wasu daga cikin na uwarka sun sauka a wurina. Na san su. Ba na so, ɗan nan, kayan wani ne, amma ba a korar agwagwa."

"Me zan yi?"

"Mayar musu da tsiyarsu. Kowace ɗakinta take nema, ba naka ba."

Ya tone tarin itacen yana zaro ruɓaɓɓun alluna, yana bin shatin da suka bari a ciyawa, yana mayar da kowane inda yake, ba guduma, sai dutse a kan dutse. Akwatin kifi ya koma ƙarƙashin matakala. Sannan ya ce bari ya ɓace musu, ya shige ɗaki ya kwanta yana cizon bargo, ƙafafu suna rawa. Da hankaki suka ga ba motsin mutum, sai suka sauko suka jeru a kan ɗakunan kamar nasu. Agwagi suna gani daga ruwa. Ba wadda ta matso.

"In na fita su gudu, in na ɓuya su ƙi zuwa," ya ce wa Petrine, yana zagaya ta a kan dutse. "To me suke so da ni?"

"Tsaya wuri ɗaya mana, kana sa ni jiri. Kai ka taɓa ganin uwarka a kwance? Zagayawa take yi, safe da yamma, ɗaki ɗaki, tana yi musu surutu ƙasa-ƙasa. Mutum suke so su gani. Amma kai tafiyarka ta wanda jirgi zai bari ce."

Ya gwada. Ya saka tsohuwar rigar sanyin Aslaug, shuɗiya da ta koɗe, wadda ko haɗuwa ba ta yi masa a gaba. Ya fara takawa a hankali. Kafin ya kai rumfar jirgi ƙafafun sun ƙwace, ya tsinci kansa a ɗaya bakin tsibirin yana haki, agwagi sun yi nisa. Ya sake, haka. Ya sake, haka. Hali zanen dutse. Kullum kuma garken da ke bakin ruwa raguwa yake yi.

Ya koma gida ransa a ɓace, ya shuri ƙafar tebur. Sai idonsa ya faɗa kan wurin, inda igiya ta cinye katakon ta bar zobe. Igiyar ma tana nan rataye a ƙusa bayan murhu, ta yi baƙi, kyanwoyi nawa ta gani. Ya ɗauko ta yana jujjuyawa. Sannan ya zauna, abin da ba a saba gani ba, ya ɗaure bakin nan a idon sawun dama, bakin can a na hagu, ya bar tsakani bai fi taƙi biyu ba. Ya yi wa kansa dabaibayi.

Takun farko ya kifa a ciyawa. Ya tashi. Jikin yana son gudu, igiya tana cewa a'a. Dole ya riƙa jan ƙafa yana rangaji, hagu, dama, kafaɗu suna lilo. Haka ya bi ɗakunan ɗaya bayan ɗaya, gumi yana zuba duk da iskar arewa, yana gunaguni. Ba addu'a yake yi ba, zagin igiyar yake yi, amma da murya ƙasa-ƙasa, agwagwa kuwa ba ta san bambanci ba.

Petrine ta hango shi daga ruwa. Ta saki sandunan tuƙi, ta cusa bakin ɗankwalinta a baki, don a wannan wata ko dariya ba a yi da ƙarfi. Jirgin ne kawai yake girgiza. Da ta matso, hawaye na bin kumatunta, ta ce da raɗa, "Wayyo cikina! Aslaug sak, sai dai gemu."

"Gwaggo, ki wuce abinki."

"Ina zan wuce? Tun kana goye nake jiran wannan rana."

Bai kwance ba. Safe da yamma yana zagaye, tsakani kuma yana jan ƙafa daga taga zuwa taga. Igiya ta saɓule masa fata, ya naɗa tsumma ya mayar. Hankaki suka koma nesa. Agwagi suka daina ja da baya in ya gifta, amma ba su hau ba.

Wata safiya yana tsakiyar zagaye sai ya ga wata ta fito daga ruwa ta girgije. Babba ce, ƙirji a gaba. Ta nufo shi tana rangaji, hagu, dama, irin tafiyarsa. Ransa ya ce ya ruga ya ba ta hanya, igiya ta riƙe shi. Ta wuce ta gefen takalminsa, ta je gaban jajayen ɗakunan ta leƙa ɗaya, ta kau da kai. Ta nufi matakala ta shige akwatinta, ta juya ta zauna.

Kafin mako ya zagayo sauran sun biyo. Ba duka ba. Waɗanda suka sauka wurin Petrine ba su dawo ba, har yau jikokinsu can suke. Jajayen ɗakuna kuwa ba wadda ta kula su. Eilert ya yi wata guda yana shiga gida ta taga da dabaibayinsa, don ba a taka matakala a kan Matar Fasto.

Da aka ƙyanƙyashe aka watse, sai aka kawo Aslaug a jirgi, aka zaunar da ita a bakin ƙofa. Ta sa hannu cikin kwandon gashin ta auna, ba ta ce ya yi kaɗan ba. Ta dubi tabon da ke idon sawunsa.

"Ashe ƙafar ce kawai," in ji ta. "Ni kuma na yi ta ɗaure ka a ƙugu."

Jirgin da ya kawo ta shi ya tafi da Eilert, wai akwai aiki a arewa. Amma ya rataye igiyar a ƙusarta, ya ce kada a taɓa. Watan Afrilu yana kamawa sai ga shi, haka kuma kowace shekara, har bayan an binne Aslaug, har bayan Petrine, har gwiwoyinsa suka ƙi hawa kwalekwale, wata jikar Petrine ta karɓi tsibirin.

Yanzu yana gidan tsofaffi a Vega. Bai zauna ba har gobe, yana auna barandar daga wannan kai zuwa wancan, masu jinya suna kauce masa. Sun ce sai dai in Mayu ya shigo, ba wanda ya gaya masa, takunsa yakan gajarce, ya riƙa rangaji yana gunaguni, in wani ya bugo ƙofa da ƙarfi ya juyo ya harare shi.