Hudar Ƙusa a Ƙyauren Ɗakinmu

Shekarar da na fara ɗinki a Bauchi, ɗaki ɗaya muka kama a unguwar Ɗan Iya ni da ɗan baffana. Ya girme ni. Ya taɓa bin masu majigi ƙauye-ƙauye yana ɗaukar musu kaya, da suka sallame shi ya dawo da buhun guntayen fim da girman kai.

Kullum sai ya toshe taga da bargo, ya liƙe duk kafar haske, ya bar huda ɗaya da ya yi wa ƙyaure da ƙusa. In rana ta yi ƙarfi, titi yakan fito a jikin bango a kife: masu keke, awaki, mai tallan rake, kowa ƙafa sama kai ƙasa. Wani lokaci ya kankare guntun fim da allurata, ba tare da ya tambaye ni ba, ya kara a bakin hudar, mutanen su dusashe su kakkarye. Wai wannan ya fi duk abin da ake nunawa a silima, don haske ne da kansa yake zane.

Bangon nan kuwa shi ne alƙibla. In na tayar da la'asar, ga mutane suna giftawa a gabana. Sallar ta yi? Sai in sallame in sake, in kuma sakewa. Na tambayi limamin unguwa, ya ce in rufe hudar kawai. Na cusa ƙyalle, ɗan baffana ya zare. Ya ce ai masallaci ba a kulle yake ba, alhali ya san maimaita alwala ke sa ni rasa jam'i.

"Yaya, don Allah ka bari in idar."

"Malam tela, inuwa ce fa. Ita ma tsoronta kake ji?"

Wata rana ya shigo da abokansa ina tsakiyar salla. Suka zauna a bayana. Da na yi ruku'u, na ji yana raɗa musu su duba yadda inuwata ke haɗiye titi in na miƙe, ta sake shi in na sunkuya. Wai nan ne wurin da ya fi kyau.

Na sallame. Na naɗe tabarmata, na ɗauki buta, na koma kwana a shago, gefen keken ɗinki. Sallolin da na yi a ɗakin nan duk na rama su. Shi kuwa, ko a gidan suna muka haɗu, daga gaisuwa ba na ƙara masa komai.