Inji Mai Takwas da Rumbun Iya Dije

Karatuna na boko a aji huɗu ya tsaya, kuma ba ni na gaji ba, malamin ne ya gaji. Amma in ana zancen inji mai silinda takwas, kowa ya gyara zama, don a gaban babbar malama na ɗauki darasi: kakata Iya Dije, wadda har ta koma ga Allah ba ta taɓa riƙe sitiyari ba.

Mijinta, kakanmu, direban babbar mota ne zamanin gyaɗa. Yakan ɗauko buhuna daga Maraɗi, ya ƙetaro ta Jibiya, ya nufi Katsina. Motar ƙirar Amurka ce, mai takwas. Kafin ya rasu ya cika mata kunne da zancen inji, har ta kai in mota ta taso daga bakin iyaka, tana tuƙa tuwo za ta ce, "Wagga mai shida ce, kuma ba ta da lahiya." Gidanmu a Magama yake, kusa da titi, don haka ba ta rasa abin saurare. Yaran maƙwabta ana ba su labarin kura da zomo, mu kuwa fistin da fulogi aka raine mu da su.

Ɗiyanta maza bakwai ne, gandu ɗaya suke nomawa, rumbu ɗaya ake ci. Ita takan ce takwas ne, don ba ta yarda ta cire marigayi kakanmu daga lissafi ba. Babbansu shi ne Baba Ilu, yayan mahaifina. Shi ne ɗan farinta, saboda haka ba ta faɗin sunansa, ba ta zama inda ya zauna, balle ta tambaye shi abin da ke damunsa. In dole ta ambace shi, sai ta ce "mutumin can." Haka aka tarar, haka ake yi.

A wata damina, wani abu ya sami Baba Ilu. Ba zazzaɓi ba ne, ba kuma ya kwanta ba. Yana fita gona da kowa, ya riƙe fartanya, sai a ga ya tsaya yana kallon ƙasa. Akushinsa yana dawowa kamar yadda aka kai. Ƙannensa kuwa suka yi masa kara. Wa zai tsare yayansa da tambaya? Duk wanda ya gama layinsa sai ya juyo ya nome na Baba Ilu, ba tare da ya ɗaga kai ba. Da yamma gona ta nomu tas, kowa ya dawo gida.

A daminar nan ne tatsuniyar Iya ta canza. Bayan isha takan hura wuta a tsakar gida, ta ɗora ɗanyen ganye don hayaƙi ya kori sauro, mu kewaye ta muna gasa masara. Iyayenmu maza suna zaune a bayan zana, inda in ka yi tari za su ji. Ranar ta juya baki wajen zanar, ta ɗaga murya.

"Ga wata nan ta taso da hayaƙi."

Muka ce, "A buɗe mata shinge ta wuce."

Wai wani maƙeri ne a ƙasar Turawa ya haifi ɗiya takwas, kowa ya gina masa ɗakin ƙarfe kamar turmi, ya ba shi taɓarya. Aikinsu ɗaya: in aka ƙyasta wa mutum wuta, ya dankara taɓaryarsa, duka kuma gungume ɗaya suke juyawa. Wani ya jera su layi ɗaya, gidan ya yi tsawo kamar kwalekwale, hancin mota ya riga direba shiga gari, gungumen kuma don tsawo ya riƙa murɗewa. Wani Bafaranshe kuwa ninke su ya yi, huɗu nan huɗu can, suka buɗe kamar gwafa. Gida ya gajarce, gungume ya yi ƙwari. Shi a jirgin ruwa da na sama ya fara sa su.

"Sai Amurkawa sunka ce, don mi masu hannu da shuni kaɗai za su ci? Sunka zuba gidan duka a ƙarhe guda, har talaka ya saya. Irin na kakanku ke nan. Amma hayaƙinsa ta cikin jiki yake bi kahin ya hita, shi ya sa ya cika zahin rai. Daga nan zuwa Katsina sai an shayar da shi kamar raƙumi."

Ta kwaikwayi muryarsa: gudun-dun, gudun-dun, kamar luguden mata da ɗaya ke saɓa hannu da gangan. Muka fashe da dariya. Ita ba ta yi ba.

Ta ce wata rana ɗaya daga cikin takwas ɗin, wutarsa ta ɗauke. Ana zuba masa fetur ba ya ci, taɓaryarsa tana sama tana ƙasa amma ba shi ke ɗaga ta ba, 'yan'uwa ne ke jan ta. Mota kuwa tana tafiya abinta.

"Kun ga mai huɗu, in ɗaya ya kwanta, mota duka ɗingishi take, ko kurma ya sani. Mai takwas kuwa munahukar lahiya gare ta. Bakwai su ɗauke kayan, direba na ta waƙa, wancan na ruɓewa a ɗaki."

Yayata Hajo ta ce, "To Iya, ya ake ganewa?"

"Tambaya ake, 'yar nan. Kakanku ba ya jira. Ya tada inji, ya bi su ɗai-ɗai yana zare wayar buji." Buji shi ne fulogi a bakin mutanen ƙetare. "In ya zare, murya ta hwaɗi, ya ce madalla, wanga na da rai. Ya maida. In ya zare bai ji komi ba..."

Ta tura itace cikin wuta.

Daga bayan zana mahaifina ya yi gyaran murya. "Iya, yau tatsuniyar da ƙarfi take fita."

"Kunnuwan gidan ne sunka yi nauyi. Na kashe inji, ku tashi ku kwanta."

Ta maimaita ta ba sau ɗaya ba, har Hajo ta haddace. Na tabbata iyayenmu sun gane. Na taɓa ganin mahaifina ya bi Baba Ilu har gindin tsamiya, ya durƙusa, ya buɗe baki, sai abin da ya fito shi ne, "Yaya, ana sa ran ruwa yau." Baba Ilu ya ce, "Allah ya kawo." Suka tashi.

Gero na fitar da kai, ranar wata kasuwa, Baba Ilu ya sa rigarsa ta Juma'a ya bi masu jakuna ya ƙetara. Wani ɗan duwan, ma'aikacin kwastan na can, ya ce ya ga wucewarsa, ba kaya a hannunsa. An bi sawu har Maraɗi, an tambaya a tasha, an tambaya a masallatai. Shi ke nan. Har yau da nake rubutun nan ba wanda ya san abin da ya ci shi, ko ciwo ne ko zuciya, don ba wanda ya tambaya.

Yanzu ni ne tsohon da ke zama kusa da garejin bakin iyaka ina damun bakanikai da iyayi. Masu takwas na yau ba gyaɗa suke ɗauka ba. Manya suke ɗauka, da masu bindigar da ke raka su, tunda hanyoyinmu sun zama abin da suka zama. Na Japan ba ya ƙorafi. Na Jamus shiru-shiru ne, in ka buɗe shi kuwa sai ka nemi wanda ya gama aji biyar. Jikana ya jiyar da ni na Italiya a waya: shi hagu da dama yake bugawa daidai, sai ya tsala ihu kamar mai guɗa. Wani ma, wai in kaya ba nauyi, da kansa yake kwantar da huɗu su huta. Kuma duk cikinsu in ɗaya ya daina ci, fitila ce ke kamawa a gaban direba. Na ce a kawo mana irinta mu kafa a zaure, yaran gareji suka yi ta dariya. Na bar su.

Da ina yaro na ɗauka darasin shi ne haɗin kai, bakwai su rufa wa ɗaya asiri. Na daɗe ina ba wasu shi a haka. Abin da ya hana ni sakewa shi ne ranar da aka gama ɗaurin gero a shekarar da Baba Ilu ya ɓace. Rumbu ya cika har baki, daidai da na bara, ko dami ɗaya bai ragu ba. Iyayenmu suna hamdala. Iya ta sa aka kafa mata tsani, ta hau da ƙyar, ta leƙa. Sai muka ji tana kuka, irin wanda ba ta yi ba ranar da aka dawo daga Maraɗi hannu rabbana.

Mahaifina ya ce, "Iya, ai albarka ce."

Ta ce, "Da ma ya ragu. Ko da kaɗan."

Sai da furfura ta cika mini kai na gane abin da ta hau nema. So take gidan ya yi ɗingishi, ko sau ɗaya, saboda ɗanta.