Na Ɓoye Ciwon Maigidana, Suka Mayar da Shi Raga

Assalamu alaikum Edita da masu karatu. Ni mace ce daga Ƙofar Sauri a birnin Katsina. Karatuna bai wuce firamare ba, a yi mini afuwa in rubutun ya karkace. A shekarun da zan ba da labarinsu ni matar gola ce, mai tsaron ragar wata ƙungiyar ƙwallo da ake biya albashi. Tun ina ƙarama Allah ya yi ni da fargaba. Nakan sake alwala don kokwanton ko ruwa ya kai gwiwar hannu, yaro ya yi tari sau ɗaya hankalina ya tashi. Maigidana kuwa ba ruwansa da tsoro. Da hannunsa ya yi suna: in ya cafe ƙwallo sai ya wurga ta ta wuce tsakiyar fili, ta sauka gaban wanda ya nufa. Kuma da kai yake faɗa wa ƙafafun 'yan gaba. Abin da 'yan kallo ke yi wa tafi ke nan, ni kuma shi nake gasawa da tsumma da ruwan zafi in ya dawo.

An sha buge shi a ka har ya suma, a zuba masa ruwa ya miƙe ya ci gaba. Bayan ya ajiye wasa ya kama sayar da takalman ƙwallo a kasuwa, sai na fara ganin canji. Wata rana ana ruwan sama ya ja ni sallar Magariba a gida, ya yi raka'a huɗu bai sani ba. Daga nan na riƙa zama bayansa ina ƙirga masa, in ya rikice in tafa hannu. Da mantuwar ta yi yawa muka je asibiti. Likita ya ce buge-bugen nan sun taɓa ƙwaƙwalwarsa, wani bugun guda zai iya ƙarasa ta, kada ya sake kusantar raga. A hanyar gida ya ce mini maganar nan ta tsaya tsakaninmu, ko Yaya, wato wansa, kada ya ji. Ya ce a garin nan da an ce ciwon kai ne sai a ce taɓin hankali, shi kuma ba zai zama abin nuni a bakin kasuwa ba.

Da soja suka miƙa mulki ga farar hula, wani sabon zaɓaɓɓe a yankinmu ya shirya wasan murna, tsofaffin 'yan ƙwallo da matasa. Mutanensa suka cika mana zaure suna kiran maigidana Kyaftin. Ina jin su daga ciki suna cewa Yallabai yana ƙarami katanga yake haurawa don ya ga wurgin nan, kuma an ajiye masa aikin koyar da matasa da zarar an gama biki. Ya ce musu ai yanzu tumbinsa ma ya isa ya tare raga, suka kwashe da dariya. Suna fita ya zaro safar hannunsa daga ƙasan akwati. Na tuna masa maganar likita. Ya kira ni Hajiya fargaba, ya ce wasan tsofaffi ne, ba mai gudu, tsayawa kawai zai yi a ɗauki hoto.

Mutum ɗaya ne ba ya ƙetare maganarsa, Yaya. Da a ce na gaya wa Yaya, da kalma ɗaya ta isa ya hana shi. Na sa mayafi na je har ƙofar gidansa a Ƙofar Durbi, sai zuciyata ta ce in kin faɗa kin ci amanar miji, me za ki ce gaban Allah? Na juyo. Na biya wajen malamarmu ta Islamiyya, na tambaye ta ko ya halatta mace ta faɗi abin da mijinta ya ce ta ɓoye. Ban ce mata ciwo ba ne, don ina tsoron faɗin hakan ma tonon asiri ne. Ta ce amana ce, in riƙe. Rabin tambaya na kai, rabin amsa na ɗauko, na dawo gida ina ganin na tsira.

Ban je filin ba, ƙanena ya ba ni labari. Matasan ba wasa suka zo yi ba, kowa so yake Yallabai ya gan shi ya ɗauke shi. Ɗayansu ya zo a guje, maigidana ya faɗa ƙafarsa kamar yadda ya saba, gwiwa ta same shi a gefen kai. Ya kwanta shiru. Aka juye masa ruwa, mai lasifika yana ihu wai Kyaftin ba ya faɗuwa, jama'a suka ɗauka. Ya miƙe ya ƙarasa wasan, har ya yi wurgin nan sau ɗaya fili ya ruɗe. Da yamma aka sauke shi a mota da turmin shadda a hammata. Na tare shi a tsakar gida. Ya dube ni ya gaishe ni da ladabi, ya tambaye ni ko matar gidan tana ciki.

Aikin koyarwar wani aka ba. Da na je gidan Yallabai, masu gadi suka ce yana taro. Ɗaya daga cikin waɗanda suka zauna mana a zaure ya ce mini Hajiya ai wasa ne, ba wanda ya ja shi dole. Da muka kai maigidana asibiti, Yaya bai yi mini faɗa ba, ya dai tambaye ni tun yaushe na sani, da na faɗa ya sunkuyar da kai. Malama kuwa ta ce da na ce mata ciwo ne, da ita da kanta za ta raka ni gidan Yaya. Asirin da na tsare, yau duk unguwa ta san shi.

Har yanzu ina jin ɗacin waɗanda suka yi tafi suka watse, amma na fi jin nawa, don na fi tsoron zunubina a kan lafiyar kansa. 'Yan'uwana mata, ciwon da zai halaka miji ba asirin rufewa ba ne, ku faɗa wa wanda zai iya hanawa, kuma in za ku yi tambaya ku yi ta cikakkiya. Ku kuma 'yan ƙwallo, wanda aka buge a ka ya fita daga fili, ko wane ne ke kallo. Maigidana yana nan a zaure da safarsa a cinya, yana tambayar masu wucewa ko motar Yallabai ta iso. Malamai sun ce an ɗauke masa nauyin salla, amma in ya ji kira sai ya miƙe ya fuskanci gabas. Ni kuma in zauna bayansa ina ƙirgawa.