Ranar da Kawu Ya Fito da Hannunsa

Sallar asuba kawai muka yi muka fito daga Goutte d'Or, unguwarmu a Paris, ni da kawuna, lokacin 'yan kasuwar Barbès suna ta sauke kwalayen lemo da tumatir a ƙarƙashin gadar jirgin metro. Ni ke ɗauke da jaka, ni ke riƙe da tikiti, ni ke tura ƙofa, domin hannun Kawu na dama yana cikin aljihun kwat, inda ya tare wata biyar ke nan.

Bari in gaya muku dalili. Kawu wanzami ne ɗan wanzamai daga Maradi. A Paris turare da atamfa yake sayarwa, amma mutanenmu duk sun san ranar Lahadi ta aski da ƙaho ce a ɗakinsa. Wata rana da la'asar ɓarayi suka fizgi jakarsa a bakin shago, ya ƙi saki, ɗayansu ya yanke shi a wuyan hannu. Likitoci sun ɗinke jijiyoyin, suka ce sauran aikin yana wurin mai motsa gaɓoɓi, wanda ake kira kine, kuma in ya yi wasa yatsun za su sandare ke nan. Sau uku ya je ya daina. Ƙwallon robar da aka ba shi ya riƙa matsawa, a ƙarƙashin gado na tsinto ta. Ya ce shi ba yaro ba ne, kuma hannu ya riga ya mutu. Wallahi abin yana ci mini rai.

'Yarsa da ke karatun tarihi a Lyon ita ta matsa mu zo mu ga wani baje koli da ta taya shiryawa, kan raunuka da magani a Turai ta zamanin takobi da sulke. Na so in ce mata wannan ba abin nuna wa mai rauni ba ne, amma na san halinta. Taurin kan ubanta ta kwaso duka.

Jirgin ƙasa ya yi gudu har na daina ƙirga garuruwa. Gonaki kore shar, fararen shanu manya-manya, kuma ba makiyayi ko ɗaya, abin da ya fi damun Kawu ke nan. Na sayo mana kofi a cikin jirgin, ɗan kurɓi biyu, kuɗinsa kuwa ya isa farantin shinkafa da miya a unguwarmu. Muka fito da kilishinmu muka rama. Awa biyu da 'yan mintoci sai ga mu a Lyon.

Garin ya fi Paris natsuwa. Koguna biyu ne suka ratsa shi, tsohuwar unguwarsa kuma lunguna ce matsattsu shimfiɗe da duwatsu, ka shiga ƙofar wani gida ka ɓulla a wani titi daban. Mutanen Lyon suna alfahari da girkinsu, sai dai rabin alfaharin naman alade ne, don haka 'yar Kawu ta kai mu wurin wani Ba'aljeriye muka ci kuskus da naman rago. Kawu ya ci da cokali a hannun hagu, yana kallon bango don kada a ga yadda miya ke zuba.

A zauren baje kolin, abu na farko da ya tsayar da mu zanen wani mutum ne daga tsohon littafin fiɗa. Takobi a kafaɗa, kibiya a cinya, kulki a ka, maciji a dunduniya, amma yana tsaye, idonsa biyu, fuskarsa kamar mai jiran mota. Na ce wannan ai gawa ce ta ƙi kwanciya. Yarinyar ta ce a'a, zanen jagora ne ga mai magani, rubutun da ke gefen kowane rauni yana nuna inda za a sami maganinsa a cikin littafin. Ta ce a labaran mayaƙansu ma jarumi yakan yi watanni a kwance ana yi masa jinya, kuma ba a ɗaukar wannan abin kunya. Kawu ya daɗe a gaban zanen.

Can gaba akwai tebur da aka jera kwaikwayon kayan aikin zamanin, an yarda a taɓa. Ashe su ma masu aski ne ke yi musu tsaga da cire haƙori da zuƙe jini. Wata Baturiya mai fara'a tana bayani, ta ɗauki ƙahon saniya ta kifa a hannunta, ta ce da wuta ake ɗumama shi ya kama fata. Na ji Kawu ya yi tsaki. Ta ɗauki askar tsaga ta damƙe ta kamar mai yanka albasa. Nan fa haƙuri ya ƙare.

"Ke, gaya mata ba haka ba ne!" ya ce wa 'yarsa. "Wuta ta kwalba ce. Ƙaho da baki ake zuƙa tai, a toshe da kakin zuma. Kuma mi ya sa ta riƙe aska haka? Kashe mutum za ta yi?"

Yarinyar ta fassara, ban da maganar kisan. Baturiyar ta yi murna, ta miƙo masa askar. Shi kuma wanzami ba ya karɓar aska da hagu, tun yana yaro aka hore shi a kan haka. Kafin ya tuna da komai, hannun dama ya fito daga aljihu, da tabonsa da ramarsa, a gaban baƙi. Yatsun suka yi rawa, askar ta faɗi a tebur. Ya sake ɗauka, babban yatsa da biyu na kusa da shi, ya nuna tsaga uku a iska, ƙanana, a jere. Mutane suka matso. Ya yi kusan rabin awa yana koyarwa, 'yarsa tana fassara tana share ido da gefen gyale.

Da la'asar muka kamo hanyar gida. Na koyi cewa mutane sun daɗe suna saran juna, amma tun can akwai masu zama su ɗinke, kuma ɗinkin ba ya ƙarewa a ranar da aka yi shi. Na kuma koyi cewa lallashin wata biyar bai kai ganin ana ɓata wa mutum sana'arsa ba.

Muna hawa benen gidanmu Kawu ya tambaye ni inda na ajiye ƙwallon robar, ya ce gobe in kira kine in karɓo randebu, wato ranar da za mu je ganinsa. Sannan ya dubi kaina da kyau.

"Kada ka je wurin kowa aski," ya ce. "Ka bar shi ya taru. Da kanka zan fara."

Na dubi yatsun nan da har yanzu suke rawa, na dafa ƙeyata. Na ce to, Kawu.