Bakin Mutanen Majigi

Ranar wata Alhamis a damina, shekarar da na shiga aji huɗu a unguwarmu ta Alsawra, wani ustaz ya kawo majigi makarantarmu. Bayan azahar aka toshe tagogi da barguna, aka rataye farin zane a kan allo. Tsohon fim ne marar murya na yaƙin Turawa da Ansaru, mayaƙan ƙasarmu na da, sai ƙarar injin kawai. Mun ga mutanenmu suna zubar da masu suna arcewa. Ustaz ya ce gobe iyaye ma za su iya zuwa.

Da na koma gida na tarar da kakata Habboba Asabe a tsakar gida tana gasa kisra, wato faifayen wainar dawa. Ban ko ajiye jaka ba na zayyana mata komai, ni da bakina ba ya riƙe magana. Ta sauke hannu daga kasko. Tana cikin uwarta mahaifinta ya tafi wannan yaƙin a Karari bai dawo ba, ko hotonsa ba ta taɓa gani ba, abin da ta sani kawai shi ne ya tsaya bai gudu ba. "Gudu kika ce, takwara?" Ranar ni na ƙarasa gashin, na ƙone rabi.

Washegari ta yafa farin tobinta ta bi ni. Ta ƙi benci, ta tsaya dab da zanen har inuwar kanta na shiga cikin dawakai, yara suna ta ƙunƙuni. Ina tsoron kada ta ce ga shi can a cikin masu gudu. Aka kai rabi sai na ji ta kwashe da dariya.

"Wallahi ya ustaz, waɗannan ba namu ba ne. Dubi bakinsu! Mutum ya faɗi matacce baki a rufe, ko shahada babu?"

Ustaz ya yarda. Ya ce a wani fili can ƙasar Turai aka shirya abin, aka shafa wa 'yan wasa baƙi. A hanyar gida ta saya mini gyaɗa da ɗanwake, tana tafe tana kwaikwayon yadda suke faɗuwa.

Yanzu jikokina suna kallon yaƙi a waya, da launi da ƙara, wani ma an ɗauke shi a titunan da na taka da ƙafata. Ina kewar Habboba ƙwarai. Ita ta samu wanda ya ce mata wasa ne.