Tsohuwar da Ta Girma Kusa da Jirgin Yaƙi

Shekarun baya na yi aikin kula da wata tsohuwa 'yar asalin ƙasar Norway a unguwar St. George, tsallaken ruwa daga Manhattan. Daga unguwarmu Morris Heights nake tasowa, in hau jirgin ƙasa har ƙarshen Manhattan, sannan in shiga feri, jirgin ruwan da ke tsallakar da mutane. Mama nake kiranta, ba ta taɓa hana ni ba.

Wata safiya hazo ya rufe ruwa. Na je zan buɗe taga, ta ce in bari.

Na ce, "Mama, ɗakin ya yi zafi."

Ta ce, "Hazon nan ba ya wari?"

Na leƙa na shinshina, na ce ba ya yi. Sai ta ce in zauna.

Garinsu can ƙuryar arewacin Norway yake, a bakin abin da suke kira fjord. Ni 'yar Kumasi ce, ban san shi ba. Ta kama hannuna ta ware yatsuna biyu, ta ce yatsun duwatsu ne, tsakaninsu kuma teku ne ya kutsa cikin ƙasa, siriri, mai zurfin gaske. Duk sanyin wurin, ruwan ba ya daskarewa.

Zurfin nan ne ya jawo musu Jamusawa a yaƙin duniya na biyu, tana yarinya. Suka kawo ƙaton jirgin yaƙi suka ɓoye a lungun, suka kewaye shi da ragar ƙarfe saboda jiragen ƙarƙashin ruwa. Mahaifinta masunci ne, aka hana shi zuwa inda ya saba kamun kifi. In jiragen saman Ingila suka taho, sai sojojin Jamusawa su saki wani farin hayaƙi ya lulluɓe ruwa da gari, don kada a hango jirgin. Yana ƙona maƙogwaro. Mahaifiyarta takan fita da gudu ta kwashe shanya, ta toshe ƙofa da tsumma.

An yi ta jefa bom har jirgin ya lalace, aka janye shi zuwa wani wuri. Da Jamusawa za su bar yankin, suka kwashe mutane zuwa kudu, suka cinna wa gidaje wuta.

Na ce, "Kin taɓa komawa?"

Ta ce, "Sau ɗaya. An sake gina garin, ya yi kyau. Na kasa gane inda gidanmu yake."

Daga nan ta nemi shayi, na haɗa mata, na ba ta maganinta. Bayan wasu watanni 'yarta ta mayar da ita gidan kula da tsofaffi, ni kuma na sami aiki kusa da gida.