Busassun Kawunan Furen Hadiza

Lokacin ɗari, a gidanmu na cikin Birni a Damagaram, kakata Falmata ba ta barin garwashin murhu ya mutu a banza. Da an kwashe tuwo sai ta zuba shi a kasko, ta zauna bakin ƙofar ɗakinta, mu jikoki mu kewaye ta. Mutanenta daga Barno suka zo, kuma har ta rasu Hausarta na da ɗan nauyin Barebari. Ni take fara tsokana.

"Maigida, matso kusa. Mijin da ba ya kawo cefane ai sai ya zo ya ɗumama wa matarsa ƙafa."

In za ta fara tatsuniya ta ce, "Ga ta nan ta tsaya a zaure," mu ce, "Ta shigo ciki."

Akwai tatsuniya guda da ba ma so, don babu Gizo a ciki, babu kura. Wata tsohuwa ce a ƙarshen gari, 'ya'yanta duk sun tafi fatauci. Wani fure ya tsiro inda take alwala. Tana ba shi ɗan takin awaki, ba da yawa ba. Da ya gama fure kawunansa suka bushe, suka yi baƙi, sai wata 'yar tsuntsuwa ta riƙa zuwa kowace safiya tana tsattsagar irin. Tsohuwa na shan kokonta, tsuntsuwa na cin nata, suna hira. Ran nan babban ɗanta ya dawo da zannuwa da goro. Ya ga busassun karare a tsakar gidan uwarsa, kunya ta kama shi, ya sare su, ya share wurin fes. Ya kwana biyu ya koma. Tsuntsuwa ta zo, ta zagaya, ba ta sake zuwa ba.

"Sai me, Kaka?"

"Sai tsohuwa ta sha kokonta."

"Ai ɗan ya kyauta," in ji ni. "Ya kawo zannuwa."

"Ya kyauta mana, maigida. Wa ya ce bai kyauta ba? Tashi ka kwanta, kana hamma kamar jaki."

Na girma na bi sahun ɗan nan. Aiki ya kai ni Yamai, ya kai ni Dakar da Tunis, na ga ƙasashen da ake ware fili guda don abin da ba a ci. Mu a Damagaram, in ka ce garka, albasa ake nufi da salati. Yanzu na bar aiki, ina zaune a unguwar Kara-Kara. Matata Hajiya ta rasu, yara sun watse. Autarmu Hadiza tana aikin jinya a Kanada, ita ta aiko mini da irin wani fure na can: tsakiyarsa tudu ne mai ƙaya kamar bayan bushiya, gefensa ruwan hoda, yana sunkuyar da kai ƙasa.

Can ƙanƙara ce ke kwantar da shi, a nan zafin bazara ne. Na shuka shi a inuwar dogon yaro, inda rana ke samunsa da safe kawai. Wani mai garka daga Mirriya ya kawo mini busasshen takin awaki. Kwanon farko da na zuba da yawa, ganye ya yi ta yi babu fure, daga nan na koma cikin tafin hannu guda a farkon damina. Ruwa kuwa sai ƙasa ta bushe, don saiwarsa ba ta son laka. Da ya yi fure, Hadiza ta fara kira kowace Lahadi. Da can sai wata ya wuce ban ji muryarta ba. Ni da ita ba mu iya doguwar hira ba, uwarta ce mai wannan. Furen ya ba mu abin faɗa.

Da kaka ta yi, kawunan suka bushe.

"Baba, ku sa almakashi ku yanke su," in ji ta. "In an yanke, sababbi za su fito. Ku turo mini foto."

Gaskiya ta faɗa, haka ake yi. Amma tun kwanakin baya 'yan tsuntsayen nan jajaye da muke kira baiwar Allah sun gano irin. Da na fito da kofin shayina suke sauka. In na yanke, su tafi. In ban yanke ba, ina tsoron Lahadi ta zo babu abin da zan nuna, kiran ya koma na wata-wata. A wannan makon ne na gane abin da ya sa Kaka ba ta taɓa zagin ɗan ba, kuma ba ta ƙara wa tatsuniyar komai ba. Mai zuwa ya koma tsabtar gida yake gani. Ba ya nan da safe.

Ban yanke ba. Ran Lahadi na juya mata wayar, ta ga baƙaƙen kawuna, tsuntsaye na lilo a kai.

"Baba, ba ku yanke ba?"

"Ina da baƙi ne. Tare muke karyawa."

Sai ta tambaye ni:

"Da rana fa? Da wa kuke cin abinci?"

Na ce mata su da safe kawai suke zuwa.

"To ku bar musu," in ji ta. "Gobe ƙarfe nawa kuke cin na rana?"